Yadda za ka tayar da tsohuwar manhaja a kan Windows 10 da Windows 11

Duk wanda ya taɓa zama a shagon buga takardu, ko ofishin makaranta, ko kantin sayar da magani, ya san irin manhajar nan da ake kaffa-kaffa da ita. Wani ne ya rubuta ta tun zamanin Windows XP, mai yiwuwa ma ba a san inda yake ba yanzu, amma lissafin kanti na shekara goma ko sakamakon jarrabawar ɗalibai duk yana cikinta. A shagunan ɗab'i kuwa PageMaker 7 ce, wadda Adobe ta fitar a 2001 ba ta sake yin wata bayanta ba, ko wata tsohuwar CorelDRAW da hannun mai aiki ya saba da ita. Da tsohuwar zuma ake magani, amma ranar da kwamfutar ta mutu aka sayo wata mai Windows 11, sai manhajar ta ce ba ta san zancen ba.

Dole ce ke kai mutane ga sabuwar. Microsoft ta daina kula da Windows XP a watan Afrilun 2014, Windows 7 a Janairun 2020, Windows 10 kuma a Oktoban 2025. Sai dai mafi yawan tsofaffin manhajoji suna tashi idan aka bi su a hankali. Ƙa'idar ita ce a fara da magani mai sauƙi, in ya ƙi a matsa gaba, kuma kada a taɓa komai sai an kwashe bayanai.

Da farko: kwashe kayanka daga tsohuwar kwamfuta

Idan tsohuwar tana da sauran numfashi, kada ka goge ta, kada ka sayar, kada ka bari mai gyara ya ɗora mata sabon Windows. Idan ta mutu, a cire rumbun ajiyarta a sa shi a gidan USB a jona da sabuwar. Sau da yawa wani abu ne daban ya ƙone, rumbun yana nan lafiya.

Abin da za ka kwafa: foldar manhajar gaba ɗayanta daga Program Files, fayilolin bayanai, faifan CD ɗin da aka girka ta da shi, da lambar lasisi. Lambar nan ka rubuta ta a takarda, ka kuma ɗauki hotonta. Fayilolin bayanai su ne masu wuyar gani, domin tsofaffin manhajoji kan ɓoye su a cikin foldarsu. Nemi masu ƙarewa da .mdb, .dbf ko .dat. Idan kwamfutar Windows 7 ce, akwai wani wurin ɓuya da ya sha jefa mutane cikin tashin hankali: rubuta %LOCALAPPDATA%\VirtualStore a saman File Explorer ka danna Enter. Tun daga Windows Vista, idan tsohuwar manhaja ta nemi yin rubutu a Program Files ba tare da izini ba, Windows kan karkatar da rubutun zuwa can a asirce. Sai mutum ya kwafi foldar manhaja, ya buɗe a sabuwar kwamfuta, ya tarar da lissafin ya tsaya a shekarun baya, alhali na gaskiyar yana VirtualStore.

Kada ka manta da salon haruffa da ke C:\Windows\Fonts. Wannan ya shafe mu kai tsaye. Kafin Unicode, wato tsarin bai ɗaya na rubuta haruffan harsuna a kwamfuta, ta yaɗu, da haruffa na musamman ake buga ƙ, ɗ da ɓ, irin su Rabi'at da Abdalla da Farfesa Abdalla Uba Adamu ya ƙirƙira. Waɗannan sun ɗora harafi mai lanƙwasa ne a gurbin wata alama ta allon madannai. Idan ba ka tafi da su ba, littafin da aka buga da su zai buɗe, amma duk inda ƙ take sai ka ga wata alama ta daban.

Yi kwafi biyu, ɗaya a filasha, ɗaya a wani wurin daban. Da kwafi za ka yi gwaji, ba da asali ba.

Gane irin manhajar da ke hannunka

A nan ake ɓata lokaci mafi yawa, saboda maganin wata ba ya yi wa wata. Kashi uku ne. Akwai ta DOS, mai baƙin allo ko shuɗi, wadda da madannai kaɗai ake sarrafa ta. Akwai mai 16-bit ta zamanin Windows 3.1. Sai mai 32-bit, wato galibin abin da aka rubuta daga Windows 95 zuwa Windows 7.

Windows 11 mai 64-bit ne kawai. Yana ɗaukar manhaja mai 32-bit ba tare da gardama ba, amma ba shi da hanyar tayar da ta DOS ko mai 16-bit da kansa, kome za ka latsa. Idan ka buɗe ta ya ce "This app can't run on your PC", galibi dalilin ke nan, sai ka tsallaka zuwa sashen DOS a ƙasa. Akwai wani tarko kuma: manhajoji da dama na ƙarshen shekarun 1990 su kansu 32-bit ne, amma setup.exe ɗinsu 16-bit ne. Mai girkawar ne ya ƙi tashi, ba manhajar ba. Kafin ka yanke ƙauna, ɗauko foldar da ka kwafo daga tsohuwar kwamfuta ka buɗe manhajar kai tsaye daga ciki. Ƙananan manhajoji da yawa haka nan suke tashi.

Girkawa da saitin Compatibility

Danna setup.exe da maɓallin dama na linzami, shiga Properties, sannan Compatibility. Sa alama a "Run this program in compatibility mode for", zaɓi Windows XP Service Pack 3 ko Windows 7, gwargwadon inda manhajar ta saba aiki. Sa alama a "Run this program as an administrator", ka danna OK, sannan ka girka.

Idan ta tambaye ka inda za ta zauna, kada ka bar ta ta shiga Program Files. Buɗe mata folda a gindin C, misali C:\Tsohuwa. A can za ta rubuta abin da take so ba tare da Windows ya karkatar da shi ba, kai ma ka san inda bayananka suke. Wannan ɗan sauyin kaɗai yana kashe matsaloli da yawa, musamman na manhajojin lissafi da ke cewa sun kasa buɗe ma'ajiyar bayanansu.

Bayan girkawa, maimaita saitin Compatibility a kan ainihin fayil ɗin manhajar mai ƙarewa da .exe. Abin da saitin ke yi shi ne gaya wa manhajar cewa tana kan tsohon Windows, tare da kwaikwayon wasu halayensa. Ba ya mayar da Windows 11 ya koma XP, don haka kada a ɗora masa abin da ya fi ƙarfinsa.

Idan ta tashi amma rubutu ya yi ƙanana ƙwarai, ko maɓallai sun hau kan juna, koma Compatibility, danna "Change high DPI settings", sa alama a "Override high DPI scaling behavior", ka zaɓi System. Idan launuka ne suka rikice, gwada "Reduced color mode" a 16-bit.

Idan ta ce wani fayil ya ɓata

Karanta saƙon da kyau, ka rubuta sunan fayil ɗin, domin sunan ne ke gaya maka abin da za ka nemo.

Idan ta nemi .NET Framework 2.0, 3.0 ko 3.5, danna maɓallin Windows tare da R, rubuta optionalfeatures, ka sa alama a .NET Framework 3.5, wanda ya ƙunshi ukun duka. Zai buƙaci intanet. In babu data amma kana da filashar da aka ɗora Windows ɗin da ita, buɗe Command Prompt a matsayin administrator ka rubuta:

DISM /Online /Enable-Feature /FeatureName:NetFx3 /All /LimitAccess /Source:D:\sources\sxs

Sauya D da harafin filasharka. Dole filashar ta zama ta zubin Windows ɗin da ke kan kwamfutar. A wannan tagar ta optionalfeatures kuma, ƙarƙashin Legacy Components, akwai DirectPlay da tsofaffin wasanni ke nema.

Idan sunan ya fara da MSVCR ko VCRUNTIME, Visual C++ Redistributable ake nufi, kuma lambar ce ke nuna shekara: MSVCR100.dll na 2010 ne, MSVCR110.dll na 2012, MSVCR120.dll na 2013, VCRUNTIME140.dll na 2015 zuwa sama. Sauke daga shafin Microsoft. Kula da wannan: manhaja mai 32-bit tana buƙatar mai alamar x86 ko da kwamfutarka 64-bit ce. Mutane kan sauke x64 su ce bai yi aiki ba. Idan kuma d3dx9_43.dll ko ɗan'uwansa ne, DirectX End-User Runtimes na Yunin 2010 ne maganinsa.

Wasu manhajojin makarantu da kantuna da aka rubuta a gida da Visual Basic 6 aka yi su. Ginshiƙinsa yana nan cikin Windows har yau, amma ƙananan fayiloli irin su MSCOMCTL.OCX da COMDLG32.OCX ba sa zuwa tare. Ɗauko su daga tsohuwar kwamfuta, zuba a C:\Windows\SysWOW64, sannan a Command Prompt na administrator ka rubuta:

C:\Windows\SysWOW64\regsvr32.exe C:\Windows\SysWOW64\MSCOMCTL.OCX

A Windows mai 64-bit, SysWOW64 ne mazaunin fayiloli masu 32-bit, System32 kuma na masu 64-bit, don haka kada lambar da ke jikin sunan ta ruɗe ka.

Ina roƙonka, kada ka shiga shafukan nan da ke raba fayilolin DLL ɗaya-ɗaya. Ba ka san wanda ya taɓa fayil ɗin ba, kuma za ka zuba shi a tsakiyar Windows da cikakken izini, a kan kwamfutar da lissafin kantinka ke ciki. Ko dai daga Microsoft, ko daga tsohuwar kwamfutarka.

Larabci ya koma alamun tambaya, kwanan wata ya rikice

Malamai da ɗalibai masu amfani da tsofaffin manhajojin littattafan addini, irin tsohon zubin Maktaba Shamila, sun san wannan: manhaja ta buɗe, amma maimakon Larabci sai jerin alamun tambaya ko wasu haruffa marasa kan gado. Ba lalacewa ta yi ba, ba ta san Unicode ba ne. Shiga Control Panel, Region, Administrative, "Change system locale", zaɓi Arabic, ka tabbata babu alama a akwatin da ke maganar Beta da UTF-8, sannan ka kashe kwamfutar ka kunna. Windows ɗinka zai ci gaba da zama a Turanci yadda yake.

Kwanan wata ma a Region ake gyara shi. Kwamfutocin hannu da ake shigowa da su sau da yawa suna kan tsarin Amurka, wata kafin rana. Manhajar da ta saba da rana kafin wata za ta ƙi karɓar 25/03, ko kuma, wanda ya fi muni, ta karɓi 04/03 ta ajiye shi a matsayin 3 ga Afrilu ba tare da ta ce uffan ba. Mayar da Short date zuwa dd/MM/yyyy kafin ka shigar da rasit ko ɗaya.

Ta DOS da mai 16-bit

Ga ta DOS akwai DOSBox, da DOSBox-X wanda ya fi shi dacewa da aikin ofis, da vDos da aka yi musamman don manhajojin kasuwanci masu rubutu zalla, har da tura aiki ga firinta. A DOSBox, idan manhajar tana C:\Tsohuwa, rubuta mount c c:\tsohuwa, sannan c:, sannan sunan fayil ɗin. Ga mai 16-bit ta Windows kuwa akwai winevdm, wanda kuma ake kira otvdm. Kyauta ne a GitHub. Ja tsohon fayil ɗin ka sake shi a kan otvdmw.exe. Shi ne kuma kan tayar da setup.exe ɗin nan mai 16-bit da muka ambata.

Firinta, sikana da makullin USB

A nan saitin Compatibility ba shi da ta cewa. Direban na'ura, wato 'yar manhajar da ke haɗa ta da Windows, in mai 32-bit ne ba ya hawa Windows mai 64-bit, kuma wanda ba shi da sa hannun da Windows ya yarda da shi ma ba zai hau ba. Duba shafin kamfanin ko akwai direban Windows 7 ko 8 mai 64-bit, domin sau da yawa yana aiki a 10 da 11. Tsofaffin sikana da yawa suna tashi da VueScan, amma ta kuɗi ce. Manhajar da ke da makullin USB, irin HASP ko Sentinel, sabon direban makullin take buƙata.

Wani lokaci Windows 11 kan ƙi direba saboda Memory integrity da ke cikin Windows Security. Ana iya kashe shi, amma kariya ce ta gaske kake saukewa saboda na'ura ɗaya. Ni na fi son a kai na'urar ga mataki na gaba.

Na'urar naɗar hoton kyamarorin tsaro da ba ta buɗewa sai da Internet Explorer kuwa, an yi wa Internet Explorer ritaya a Yunin 2022, amma Edge yana da yanayin Internet Explorer a Settings, ƙarƙashin Default browser. Kunna shi ka sake buɗe shafin na'urar da shi.

Idan duk sun ƙi: kwamfuta a cikin kwamfuta

Wannan ne maganin da ya fi tabbas. Za ka tayar da cikakken Windows XP ko 7 a cikin taga guda, manhajar ta zauna a inda ta saba. VirtualBox na Oracle kyauta ne, VMware Workstation Pro ma ya zama kyauta tun 2024. Zan bi VirtualBox. Kwamfuta mai RAM 8GB ta wadatar; mai 4GB za ta ɗauki XP amma da nauyi.

1. Buɗe Task Manager, Performance, CPU, ka duba ko Virtualization yana Enabled. In ba haka ba, shiga BIOS lokacin kunnawa, yawanci F10 a HP, F2 a Dell, F1 ko F2 a Lenovo, ka kunna Intel VT-x ko SVM na AMD.
2. Girka VirtualBox, danna New, ba ta suna, zaɓi irin Windows ɗin, ka nuna mata fayil ɗin ISO, wato kwafin faifan girka Windows a fayil guda. Idan CD kake da shi, ImgBurn zai mayar da shi ISO. Windows ɗin cikin ma yana buƙatar lasisinsa.
3. Ba XP RAM 1024MB da rumbu 20GB. Windows 7 a ba shi 2048MB da 40GB.
4. Kafin ka kunna ta, shiga Settings, Network, ka mayar da "Attached to" zuwa Not attached.
5. Girka Windows, sannan daga Devices zaɓi "Insert Guest Additions CD image" ka girka abin da ke ciki. Shi ke gyara girman allo da tafiyar linzami.
6. A Shared Folders zaɓi folda guda ta babbar kwamfutar, ka sa alama a Auto-mount. Ta nan fayiloli za su riƙa shiga da fita.
7. Girka manhajarka, zuba bayanai, ka gwada. Firinta ko makullin USB kuwa, jona shi, ka zaɓe shi a Devices, USB, ka girka tsohon direbansa a ciki.
8. Da komai ya daidaita, ɗauki Snapshot, wato ajiye yanayin da kwamfutar cikin take a lokacin don a iya komawa gare shi.

Mataki na huɗu ba abin wasa ba ne. XP da 7 ba sa samun facin tsaro. A watan Mayun 2017 wata muguwar manhaja mai suna WannaCry ta bi ta wata ɓaraka a hanyar raba fayiloli ta Windows, ta kulle kwamfutoci a ƙasashe da dama, har asibitocin Birtaniya suka riƙa soke ganin marasa lafiya. Manhajar lissafi ba ta buƙatar intanet don ta yi lissafi. Kada a buɗe imel a cikin tagar, kada a shiga banki, kada yaron shago ya jona filashar kwastoma a ciki.

Snapshot kuma a fahimce shi da kyau. Idan ka koma gare shi, duk abin da aka shigar bayansa ya tafi, har da cinikin jiya. Shi ya sa a kullum bayan an tashi aiki ake kwafe fayil ɗin bayanai zuwa foldar da aka raba, daga can zuwa filasha. Ɗaukewar wuta ma tana yi wa wannan tsari babbar illa, domin rumbun kwamfutar cikin fayil guda ne babba, in ya lalace komai ya tsaya. Kwamfutar tebur a haɗa ta da UPS, kuma a riƙa kashe Windows ɗin ciki ta hanyar Shut down kafin a kashe na waje. Lokaci-lokaci shiga File, Export Appliance, ka fitar da ita a matsayin fayil ɗin OVA. Ranar da wannan kwamfutar ma ta mutu, a wata za ka shigo da shi ka ci gaba daga inda ka tsaya.

Idan ka ga ɗan koren kunkuru a ƙasan tagar kuma komai na jan ƙafa, Hyper-V, takwaran VirtualBox da ke cikin Windows, ko Memory integrity ne ya riƙe hanyar da VirtualBox ke bi. Ga manhajar lissafi ko ta rubutu ana iya haƙuri da shi.

To idan CD ɗin girkawa ya ɓata fa, kuma kwafin folda ya ƙi tashi? Sai a ɗauke tsohon rumbun ɗungurungum. Jona shi da sabuwar kwamfuta, buɗe Disk2vhd na Sysinternals, zaɓi sassan tsohon rumbun kaɗai, cire alamar "Use Vhdx", ka bar shi ya gama. Fayil ɗin VHD da ya fito shi za ka ba VirtualBox a matsayin rumbu. Idan XP ya tsaya da shuɗin allo mai lamba 0x0000007B, koma Storage ka ɗora rumbun a kan IDE maimakon SATA, ka kuma gwada kunna I/O APIC a System. Windows ɗin zai iya neman a sake tabbatar da lasisinsa, tunda ya ga kansa a sabuwar na'ura.

Masu Mac su sani cewa tun macOS Catalina na 2019 Apple ta rufe ƙofa ga manhajoji masu 32-bit. Masu Linux kuma su gwada Wine, wanda wani lokaci yakan tayar da tsohuwar manhajar Windows da Windows 11 ya ƙi.

Ranar da ta tashi, fitar da bayanan

Kada ka jira mako mai zuwa. Nemi Export ko Save As a cikin manhajar. Lissafi da sunayen ɗalibai a fitar da su zuwa CSV ko Excel. Aikin PageMaker a mayar da shi PDF, rubutun kuma a kwafe shi daban. InDesign har zuwa CS6 yana buɗe fayilolin PageMaker, na bayansa ba sa buɗewa. Idan manhajar ba ta da Export sam, bugo rahotanninta ta "Microsoft Print to PDF" shekara-shekara, ko ka gwada buɗe kwafin fayil ɗin .mdb ko .dbf da Access ko LibreOffice.

Rubutun Hausa mai tsofaffin haruffa kuwa, buɗe kwafinsa a Word, yi amfani da Find and Replace ka sauya kowace alama da ƙ, ɗ, ɓ ko ƴ na Unicode, ƙanana daban manya daban tare da alama a Match case, sannan ka mayar da salon zuwa Times New Roman ko Arial. Bi shafuka kaɗan da ido bayan haka, domin alamar da aka ara wa harafin tana iya kasancewa an yi amfani da ita a ma'anarta ta asali a wani wurin.